Sukur da Mandara: wane littafi za a fara da shi, wanne za a karanta da hattara?

Ɗalibar Tarihi: Assalamu alaikum, iyayena da malamaina. Ina neman jagora kan littattafan tarihin Sukur da na daular Mandara. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne, wani marubuci ya ce Sukur babbar masarauta ce da ta mallaki duwatsun yankin gaba ɗaya, wani kuma ya ce gari ne guda a kan dutse wanda ya yi suna da ƙarfe. Wanne za a kama? Kuma da wane littafi ya kamata mai farawa ya fara?

Malamin Tarihi: Wa alaikumus salam, 'yata. Ki fara raba biyun nan tukuna, don mutane da yawa suna cakuɗa su. Mandara, wadda masu ita ke kira Wandala, daular Musulunci ce a gindin duwatsu, hedikwatarta ta tashi daga Kerawa zuwa Dulo sannan Mora, sarkinta kuma ana ce masa Tlikse. Sukur kuwa a bisa dutsen take, sama da mita dubu daga doron teku, a Ƙaramar Hukumar Madagali ta Jihar Adamawa, sarkinta Hidi. Kan Mandara ki fara da littafin Farfesa Bawuro Barkindo, The Sultanate of Mandara to 1902, wanda aka buga a Jamus a 1989. Asalinsa kundin digirinsa na uku ne a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya. Ya haɗa rubutun Larabci na fada da ruwayar baka da bayanan matafiya, kuma shi ne ya fi sauƙin bi ga mai karanta Turanci. Amma ki lura da shekarar da ke jikin sunan: a 1902 ya tsaya, shekarar da Jamusawa suka shigo. Abin da ya biyo baya sai ki nema a wani wurin.

Hajiya Mai Laburare: Allah ya gafarta Malam, kafin ta shiga neman littafi akwai matsalar da ke mayar da ɗalibai gida hannu rabbana, wato rubutun suna. An rubuta tarihin yankin nan da Larabci da Jamusanci da Faransanci da Turanci, kowa da irin rubutunsa. Dulo a littafin Faransa Doulo ne. Kerawa za ki gan ta Kirawa ko Keroua. Wandala za ta zo a Ouandala. Sukur kuwa Barth, Bajamushen matafiyi, ya rubuta ta Sugur, mutanenta na cewa Sakun, sarautar Hidi kuma tana zuwa a Xidi, Llidi ko Tlidi, saboda sautin farkon kalmar babu shi a Turanci, babu shi a Hausa. Ki ware shafi guda a littafin rubutunki, ki jera kowane suna da duk sigoginsa, sannan ki nemi kowace siga daban a fihirisar bayan littafi. Wanda ya nemi Sukur kaɗai a cikin Barth zai rufe littafin ya ce ba a ambace ta ba, alhali tana nan.

Ɗan Madagali: Hajiya ta yi gaskiya. Ni kuma ƙanwata, kan tambayarki ta farko, ina tare da masu cewa Sukur masarauta ce mai ƙarfi. Barth ya ratsa ƙasar Margi a 1851 a hanyarsa daga Kukawa zuwa Yola, ya rubuta cewa sarkin Sugur yana da kwarjini a kan ƙananan sarakunan da ke kewaye da shi, kuma duwatsu sun katange garin sai ta ƙofofi kaɗan ake shiga. Kirk-Greene, masani ɗan Ingila, ya yi maƙala kan masarautar a mujallar Nigerian Field a 1960, Barkindo ma ya rubuta babi kan yadda mulki ya tattaru a Sukur a ƙarni na 18 da na 19. Sannan ga abin da ido ke gani: hanyoyin da aka shimfiɗe da faffaɗan duwatsu tun daga gindin dutse har sama, da gidan Hidi da katangarsa ta dutse. Ƙauye ba ya irin wannan aikin. Ba banza UNESCO ta sa wurin cikin wuraren tarihi na duniya a 1999 ba, shi ne ma na farko a Najeriya.

Mai Tono: Yaya Ɗan Madagali, a nan ne zan saɓa maka, da girmamawa. Ka duba hanyar Barth a taswira. Bai hau Sukur ba. Ta yamma ya bi, a kan fili, abin da ya rubuta kuwa daga bakin abokan tafiyarsa ya ji shi. Daga nan labarin ya yi ta yawo: jami'in mulkin mallaka ya ɗauko daga Barth, na bayansa ya ɗauko daga rahotonsa, har ya zama kamar shaidu biyar alhali shaida ɗaya ce, ita ma ta ji-ta-ji-ta.

Nicholas David na Jami'ar Calgary ta Kanada da Judy Sterner sun zauna a Sukur a 1992 zuwa 1993, suka koma a 1996. Maƙalolinsu biyu suna cikin Nigerian Heritage, mujallar hukumar gidajen tarihi ta ƙasa, na 1995 da na 1996. Abin da suka kawo shi ne, ba su sami alamar rundunar yaƙi ta dindindin ba, ba rundunar dawakai, ba hakimai da Hidi ke turawa su mulki wasu garuruwa. Ƙarfin Sukur a ƙarfe yake. Garin na narka tama da yawan da ya wuce buƙatarsa nesa ba kusa ba, fatake daga Barno na zuwa saye. Mai irin wannan sana'a yana buƙatar gawayi da tama daga ƙasar maƙwabta, yana buƙatar hanya lafiya don fatake su iso. Yaƙi da maƙwabta kashe kasuwa ne. Don haka a wurinsu aikin Hidi ya fi kama da na mai riƙe da ragamar ciniki da sulhu, fiye da na sarkin yaƙi.

Ɗan Madagali: To ai ƙanena, ko a haka ɗin ma ƙarfi ne. Kuma kada ka manta gidan sarautar Gulak na Margi yana danganta asalinsa da Sukur, akwai kuma garuruwan dutse da ke girmama Hidi a sha'anin al'ada. Mutum ba ya jingina asalinsa ga wurin da ba shi da daraja.

Mai Tono: Wannan na yarda da shi ɗari bisa ɗari, su David ma ba su musa ba. Inda ake samun kuskure shi ne fassara girmamawar al'ada da mulki. Ita kanta Sukur tana danganta asalin sarautarta da Gudur, can cikin Kamaru, amma ba wanda ya ce Gudur ta karɓi haraji a Sukur. Littafin Sterner na 2003, The Ways of the Mandara Mountains, ya bi wannan zaren da kyau, ya nuna yadda garuruwan duwatsu ke haɗe da juna ta hanyar asali da aure da ƙira da roƙon ruwa, ba tare da wani ya zama uban ƙasar wani ba.

Malamin Tarihi: Ku biyun kun kai ta inda ya kamata. 'Yata, kalmar masarauta ce ke ruɗarmu, don da mun ji ta sai Kano ko Kukawa ta faɗo mana a rai, da hakimai da dagatai da jangali. Ki karanta babin Barkindo da maƙalolin David da Sterner a mako guda, kina rubuta hujjar kowa a gefe. A nawa ganin, kan girman ƙasar da Hidi ya mulka hujjar David ta fi nauyi, don sun daɗe a wurin kuma sun bi dangi-dangi suna tambaya. Amma Barkindo ya fi su sanin yadda Barno da Mandara ke kallon yankin, kuma wannan ma rabin labarin ne.

Ɗalibar Tarihi: Na gode ƙwarai. Baba Malam, akwai kuma matsalar shekaru. Musuluntar sarkin Mandara Bukar Aji na ga 1715 a wani wuri, na ga 1723 a wani. Kuskuren ɗab'i ne?

Malamin Tarihi: Ba kuskuren ɗab'i ba ne, daga yadda ake lissafin ne. Girgam na fada, wato jerin sarakuna, yakan ba da sunan sarki da yawan shekarun da ya yi, ba kasafai yake ba da shekarar hawa ba. Mai bincike sai ya kama wata shekara tabbatacciya ya riƙa ƙirgawa baya. Turakun da ake ɗaurewa a kai kaɗan ne: littafin Imam Ahmad ibn Furtu na 1576 kan yaƙe-yaƙen Mai Idris Alooma, wanda ya ba da labarin zuwansa Kerawa, ziyarar da matafiyi ɗan Ingila Denham ya kai Mora a 1823, da shigowar Jamusawa a 1902. Tsakanin waɗannan kuwa lissafi ne, kuma abu uku ke ɓata shi.

Na farko, shekarun girgam na Hijira ne. Shekara 33 ta wata daidai take da kusan 32 ta rana, wato duk shekara 100 akwai rarar 3. Wanda ya tara shekarun sarakuna na ƙarni uku bai rage ba, ya kauce da kusan shekara 9. Na biyu, mai shekara 7 da wata 4 wani kwafi zai ba shi 7, wani 8, in aka tara sarakuna goma sai giɓin ya yi faɗi. Na uku, kwafin girgam ba ɗaya ba ne, wani ya tsallake sarkin da aka tuɓe ko wanda gidansa ba ya mulki a lokacin da aka kwafa.

In kin sami shekarar Hijira a rubuce, ga hanya mai sauƙi: ki cire kashi 3 cikin ɗari, ki ƙara 622. Misali 1195, kashi ukunta kusan 36 ne, saura 1159, a ƙara 622 ya ba da 1781. Amma kada ki rantse a kan sakamakon, don shekarar Hijira takan ratsa shekara biyu ta Miladiyya. In babu wata a rubuce, ki sa duka biyun. Kan Bukar Aji kuwa, ki rubuta farkon ƙarni na 18, ki faɗi wanda ya ba da wace shekara, ya wadatar.

Abu Hafsat: Ƙari kan maganar Malam. Shi girgam ɗin kansa, wanda ke son ganinsa sai ya nemi aikin Eldridge Mohammadou, masanin Kamaru, Le Royaume du Wandala ou Mandara au XIXe siècle, bugun Tokiyo na 1982. Da Faransanci yake. Bajamushe Hermann Forkl kuma ya fitar da rubuce-rubucen Larabci na Wandala a 1995, sunan littafin ma yana nufin siyasa tsakanin layuka, wato dai waɗannan takardu an rubuta su ne da manufa, don ƙarfafa wani gida a kan wani. Wanda ke da Larabci yana da babbar dama a nan, don zai iya duba matanin da kansa ko da bai iya Jamusanci ba. Ɗalibanmu da suka yi makarantar allo da ta ilimi sun fi Turawa da yawa shirin wannan aikin, sai dai ba a cika nuna musu hanyar ba, abin yana damuna.

Hajiya Mai Laburare: Kan tsofaffin matafiya, Denham na 1826 da Barth na 1857 zuwa 1858 duk ana samunsu kyauta a intanet, haƙƙin mallakarsu ya daɗe da ƙarewa. Sai dai ki kula da bugu. Barth na Landan mujalladi biyar ne, tafiyar Adamawa tana cikin na biyu. Akwai bugu mai mujalladi uku, lambobin shafinsa daban ne, akwai kuma taƙaitattu da suka yanke jerin hanyoyi da sunayen garuruwa, alhali nan ne amfanin yake. Duk lokacin da kika ɗauko magana, ki rubuta bugun da shekararsa tare da shafin. Na Barkindo da na Mohammadou kuwa ba a kasuwa suke ba, ki fara tambaya a ɗakunan karatu na jami'o'in Zariya da Kano da Maiduguri da Gidan Arewa na Kaduna, kuma ki tambayi sashen kundaye, ba kantar littattafai kaɗai ba.

Mai Tono: Denham shi ya je Mora da ƙafarsa, amma a tuna da wa ya je. Ya bi rundunar Barka Gana ta Shehu Laminu da Larabawan Bu Khullum, waɗanda bayi suka fito nema. Sarkin Mandara ya karkatar da su zuwa garin Fulani na Musfeya, aka fatattake su da kibiya mai dafi, Bu Khullum ya mutu, Denham ya tsira da ƙyar. Bayaninsa kan fadar Mora da dawakanta da auren da ya haɗa Shehu da 'yar sarkin Mandara abin dogaro ne, don ya gani ko ya ji a fada. Abin da ya faɗa kan mutanen dutse kuwa daga nesa ya hango su, ta idon masu farautarsu. Kalmar kirdi da ya yi amfani da ita, wadda littattafan Faransa suka ɗauka daga baya, kalmar raini ce. Ƙanwata, kada ki sa ta a rubutunki sai in kina nakalto wani. Ki kira kowa da sunansa: Mafa, Kapsiki, Margi, Podoko, Dghweɗe, Sakun.

Ɗalibar Tarihi: In sha Allahu. To littafin Hamman Yaji fa? An ce mini shi ne ya fi kowanne bayyana abin da ya sami Sukur.

Ɗan Madagali: Wannan littafi ne mai nauyi a zuciya, ƙanwata, ga mutanen dutse da mutanen gari baki ɗaya. James Vaughan da Kirk-Greene suka fitar da shi a 1995, The Diary of Hamman Yaji. Hamman Yaji ya hau sarautar Madagali a 1902 bayan Jamusawa sun kashe mahaifinsa, ya riƙe ta a ƙarƙashin Jamus da Faransa da Ingila, aka tuɓe shi a 1927, ya rasu a 1929. Littafin ya kama daga 1912 zuwa 1927. Shigarwar gajeru ne ƙwarai: rana kaza na tura mutanena wuri kaza, sun kamo kaza, shanu kaza. In aka tara, mutanen da aka kama sun haura dubu, kuma Sukur tana cikin wuraren da aka kai wa hari ba sau ɗaya ba. Ba ya faɗin dalili, ba ya nadama, ba ya fahariya. Ki karanta gabatarwar Vaughan kafin matanin, don ya zauna da Margi ya ji yadda su suke ba da labarin.

Malamin Tarihi: Abu biyu za ki riƙe game da shi. Abin da ke hannunmu fassarar Turanci ce da jami'in Ingila Kyaftin Reed ya yi daga Larabci bayan an kama Hamman Yaji, don haka sunayen garuruwa sun bi ta hannun magatakarda sannan ta hannun Bature. Kada ki ɗora harin a kan wani gari sai kin gwada sunan da taswira da bayanin masu gyara littafin. Na biyu, Ingilishi sun damu da alaƙarsa da Mahadiyya ƙwarai, wannan ma yana cikin abin da ya sa suka tuɓe shi, saboda haka rahotannin Di'o na lokacin suna da nasu nufin. Lambobin da ke ciki kuwa nasa ne, daga bakinsa, shi ya sa suke da ƙarfin hujja.

Ummu Yasir: Ni ta ɓangaren al'ada zan shigo, don tarihin sarakuna ya cinye zancen. Wanda bai fahimci narka tama ba bai fahimci Sukur ba. Tamar yankin ba haƙo ta ake yi daga rami ba, baƙin yashi ne mai nauyi da ruwan sama ke wankowa daga duwatsu, a tara shi a rafi a rairaye. Murhun ma daban yake da na wasu wurare: zuga-zugan a sama suke, mai zuga na zaune a bisa, iska na bi ta dogon bututun yumɓu da ya sauko tsaye har cikin wutar. Iskar na ɗumama a hanya kafin ta isa. Bakin bututun yana narkewa a hankali, don haka dole a riƙa fasa kashin ƙarfe, wato dattin narka, da ya taru a bakinsa, in aka bari ya toshe wuta ta mutu, aikin ranar ya lalace. Abin da ke fitowa curi ne na ƙarfe haɗe da kashi da gawayi, sai an farfasa an tsince sannan maƙeri ya haɗe shi a wuta ya buga sanduna. Waɗannan sandunan har kuɗi ne, ana biyan sadaki da su. Hamo Sassoon ya bayyana narkar Sukur a mujallar Man a 1964, lokacin sana'ar na gab da mutuwa saboda ƙarfen tsofaffin motoci ya cika kasuwa. Littafin da David ya tattara a 2012, Metals in Mandara Mountains Society and Culture, shi ne zai ba ki sauran.

Wani abin lura: a wurin Mafa maƙera ne kaɗai ke narkawa, kuma ba sa auratayya da manoma. A Sukur manoma ma suna narkawa, maƙeri ƙira ce tasa. Wannan ne ya sa gari ɗaya ya iya fitar da ƙarfe mai yawa haka. Don haka kada ki ɗauko bayanin Mafa ki shafa wa Sakun don kawai dutse ɗaya suke.

Abu Hafsat: Haka ne, Hajiya Ummu Yasir. Kuma rabin abin da aka rubuta kan duwatsun nan yana ɓangaren Kamaru, don iyakar ta raba dutse ɗaya gida biyu, zaɓen raba gardama na 1961 ne ya bar Madagali da Gwoza a Najeriya. Ko mutum bai iya Faransanci ba, babban littafin taswirar Lardin Arewa Mai Nisa na Kamaru da Seignobos da Iyébi-Mandjek suka fitar a 2000 zai amfane shi, taswira ba ta buƙatar tafinta sosai. Kan ɓangaren Gwoza kuma akwai aikin Gerhard Müller-Kosack kan Dghweɗe, wanda darajarsa ta ƙaru yanzu tunda rikicin Boko Haram ya tarwatsa garuruwan da ya yi aiki a cikinsu. Sukur kanta an kai mata hari a 2014.

Ɗalibar Tarihi: Allah ya saka da alheri, malamai. Tambaya ta ƙarshe: in na sami dattawan Sakun da ke zaune a Yola ko Mubi, hira da su za ta shiga cikin hujja, ko sai abin da ke littafi?

Ummu Yasir: Za ta shiga, ƙanwata, in kin yi ta yadda ya dace. Ki tambayi kowane dattijo danginsa da unguwarsu a kan dutse kafin komai, don labarin gidan sarauta daban yake da na maƙera, daban da na dangin da suka riga gidan sarautar zama. Ki gana da su ɗaya-ɗaya, in kika tara su babba ne zai yi magana sauran su yi shiru. Kada ki karanta musu abin da Barth ko Kirk-Greene ya ce kafin su ba da nasu, kuma ki tambayi kowa daga wa ya ji, don wasu labaran daga littafi suka koma baki ta hanyar 'yan makaranta. Kada ki tambayi shekara, ki tambayi wane Hidi ne a kan gado, ko kafin harin Hamman Yaji ne ko bayansa, ko kafin farin ɗango na shekarun 1930. In da Hausa za a yi hirar, ki roƙi a maimaita miki sunayen sarautu da na bukukuwa irin su Yawal da Zoku da harshen Sakun, ki naɗa a waya da izininsu, don da an ce miki sarki ko galadima ko salla, an riga an sa wa abin rigar Hausa. Kuma ki nemi tsofaffin mata, su suka rairayi tamar, su suka san rafin da ake samunta.